Ina Kalma Take Zuwa In An Wanke Allo?

Asabar, 9 ga Nuwamba 2024

Yau na sayi littafin rubutu mai bangon kwali a kasuwar Terminus da ke nan Jos, na ce bari in riƙa ajiye labarin wannan aiki, ko na daina yaudarar kaina cewa ina ci gaba. Wata bakwai ke nan abin yana yawo a kaina, amma shafi 11 kacal ke ƙasa.

Littafin ƙirƙira ne, sai dai babu jarumi mai takobi a ciki. Wata duniya ce da babu ita, inda rubutu yake aiki da kansa. A rubuta "ruwa" a bakin rijiya da tawadar da ta dace, rijiya ta kawo. A rubuta "tsaya" a jikin katanga, ta shekara ɗari ba ta tsage ba. Duk bayan shekara bakwai masanan wannan rubutu sukan hallara a wani birni na kan tsauni, su kwana tara suna muhawara. Littafin gaba ɗayansa rahoton taro ɗaya ne daga alƙalamin magatakarda: wa ya ce me, wa ya ƙaryata wa, wa ya naɗe buzunsa ya fita da fushi.

Ni malamin lissafi ne a sakandare, ko gajeren labari ban taɓa wallafawa ba. Uwargida ta ce in dai ba zai hana ni zuwa cefane Farin Gada ba, in yi ta yi.

Birnin har yanzu ba shi da suna. Na gwada guda huɗu, duk sun yi kama da sunan maganin tari.

Lahadi, 17 ga Nuwamba

Na karanta wa wani abokina shafukan a teburin mai shayi. Ya yi dariya sosai, amma a inda ban sa abin dariya ba. Ya ce, "Malam, saura ka ce babban baƙo bai samu zuwa ba ya aiko wakili." Na duba, wallahi gaskiyarsa. Akwai babban teburi, akwai jawabin maraba, akwai shugaban taro mai cewa lokaci ya ƙure. Taron ƙara wa juna sani na otal na rubuta, na dai naɗa wa mahalarta rawani. Ruwan roba kawai na manta ban jera musu ba.

Asabar, 30 ga Nuwamba

Na je Gangare gaida Kawu. Ya haura saba'in, ya yi gardancinsa a gabas, tsakanin Haɗeja da Maiduguri, kuma sau biyu yana rubuta Alƙur'ani da ka kafin idonsa ya fara hazo. Na same shi a zaure ya lulluɓa da bargo, ga kaskon wuta a gabansa. Na daɗe ina kewaye-kewaye, don ina tsoron ya ce na fara taɓa tsibbu.

Ya saurare ni har na kai aya, sannan ya ce, "To, su malaman naka da me suke cin gyaran juna?"

Na ce, "Allah gafarta Malam, kowa yakan tashi ya yi jawabi, sai a yi masa tambayoyi."

Ya yi dariya har da tari. "Ɗan nan, wannan ai taron 'yan boko ne. Mai rubutu ba a sauraron bakinsa sai an ga allonsa."

Daga nan ya shiga ba ni labarin darasu. Mahaddata su yi da'ira, mutum ya ɗaga allon da ya rubuta da ka, a zuba masa ido ana bi baƙi da baƙi. Ɗigo ɗaya ya ɓata, ko wasali ya hau inda ba wurinsa ba, za a samu mai gani. Ya ce ya taɓa ganin ƙaramin gardi ya ci gyaran alaramma mai furfura, wuri ya yi tsit, alaramman ya juyo da allon ya daɗe yana kallo, sannan ya lashi yatsa ya goge da kansa. Ya lissafa mini matakan tun daga kolo, titibiri, gardi, malam, alaramma, gwani, har gangaran, ya ce kowane mataki a gaban jama'a ake hawansa, ba a ɗaki ba.

Abin da littafina ya rasa ke nan. Masanana suna ta magana, ba wanda yake cikin haɗarin jin kunya.

Da zan tashi ya riƙe hannuna. "Abu guda. Kada ka sa harafin Alƙur'ani ko ɗaya a wasanka, kada ka sa sunan Allah a bakin mutanen ƙarya. Ƙago naka baƙaƙen ka yi tatsuniyarka." Na ce na ji, Kawu. Dama abin yana ci mini tuwo a ƙwarya, yanzu an raba mini gardama. Sai da na hau keke na gane ya ɗora mini wani sabon kaya: sai na ƙirƙiro rubutu sukutum.

Talata, 3 ga Disamba

Na cire shafuka 11 ɗin, na sa a ƙarƙashin katifa. Ban iya yagawa ba.

Asabar, 14 ga Disamba

An yi hutun makaranta, na shiga harkar tawada. Na ga ba zan iya rubuta mutanen da rayuwarsu ke cikin kurtu ba alhali ni biro kaɗai na sani. Na sayo ƙaro da bagaruwa wurin 'yan koli, wani maƙeri a unguwarmu ya ba ni kashin maƙera cikin leda yana kallona kamar mai shirin haɗa asiri.

Ta allo na fara. Na daka gawayi ya yi laushi, na tankaɗe da tsumma, na jiƙa ƙaro ya kwana, na haɗa na ɗora a wuta kaɗan. Karon farko ƙaro ya yi yawa, rubutun ya fito yana sheƙi kamar an shafa masa mai, da ya bushe sai ya riƙa ɓamɓarewa. Karo na biyu ya yi kaɗan, ina shafawa da yatsa ya biyo ni. A na uku na dace. Alƙalamin kara na fiƙe da reza, na tsaga bakinsa, na yanke yatsa a hanya. Uwargida ta leƙo kicin ta ga tukunyar miyarta, ba ta ce komai ba, wanda ya fi faɗa ciwo.

Ta takarda ita ce ta ba ni mamaki. Bagaruwar da majema ke jima da ita, in aka dandaƙa aka jiƙa da ƙarfe na 'yan kwanaki, ruwan yakan zama tawada. Lokacin da nake rubutu da ita fayau take, kamar shayin da bai ji ganye ba, da ƙyar nake ganin abin da hannuna ke yi. Na ajiye takardar na je sallar la'asar, na dawo na tarar ta yi duhu. Iska ce ke dafa ta. Na ɗiga mata ruwa, ko gezau. Ta gawayi a saman allo take zaune, ruwa na zuwa ta tashi. Wannan kuwa cikin takardar take shiga.

Ina tsaye a tsakar gida da takardar a hannu dokar duniyar tawa ta faɗo mini gaba ɗaya. Tawada iri biyu ce a can ma. Aikin baƙar tawada yana nan muddin ba a wanke allo ba, kowa yana iya warware shi da moɗa ɗaya ta ruwa. Tawadar bagaruwa kuwa ba ka ganin kuskurenka lokacin da kake yin sa, in ka gani kuma bakin alƙalami ya riga ya bushe. Don haka dokar taron: ba mai taɓa ta sai masana uku sun duba kwafin allonsa a bainar jama'a.

Laifin da ya tara su a bana shi ne wani ya karya dokar. Shekara arba'in da suka wuce ya rubuta "tsaya" a takarda, ya binne a mafarin kogi don ambaliya ta cinye masa gona. Kogin ya tsaya. Har yau yana tsaye, garuruwa bakwai na ƙasa sun watse.

Alhamis, 26 ga Disamba

Na kai yara gidan tarihi. Tun 1952 yake nan, Bernard Fagg ne ya kafa shi, amma mu 'yan gari sai mun yi baƙo muke tunawa da shi. Mun zaga wajen gine-ginen gargajiya inda aka kwaikwayi ganuwar Kano da masallacin Zariya, sannan muka tsaya gaban kawunan yumɓu na Nok. Masu haƙar kuza ne suka fara tono irinsu a 1928, kuma sun haura shekara dubu biyu a ƙasa.

'Yata mai shekara tara ta daɗe tana kallon wani kai mai huda a ido, ta ce, "Abba, su me suka rubuta?" Na ce ba a samu rubutunsu ba, wannan suka bari. Ta ce, "To ai shi ne rubutun nasu."

A keke muna dawowa na ƙara mutum ɗaya a taron: tsohuwa maginiyar tukwane daga wani ƙauyen kan dutse, ba a gayyace ta ba, ba ta san baƙi ko ɗaya ba. Za ta zauna a bakin ƙofa kwana takwas ba ta ce uffan ba.

Asabar, 4 ga Janairu 2025

Sanyi ya yi sanyi. Da asuba ruwan randa kamar ya cije ka, tawada ma ta yi kauri a kurtu, sai na kai ta kusa da wuta.

Baƙaƙe nake ƙagowa. Na fara da 64, na ga ni kaina ba na riƙe su. Abin da ya kwantar mini da hankali shi ne Sarki Njoya na Bamum, a Fumban ta Kamaru. Wajen 1896 ya fara nasa rubutun da alamomi kusan 500, ya yi ta ragewa har suka dawo 80 wajen 1910. Labarin da ake bayarwa ma shi ne a mafarki aka ce masa ya yi zane a allo, ya wanke ya sha. Mutanen Vai a Laberiya sun yi nasu tun shekarun 1830, Sulemana Kante ya fito da N'Ko a 1949, wasu 'yan'uwa biyu a Gini suka ƙago wa Fulatanci Adlam a ƙarshen shekarun 1980 suna yara. In sarki mai fada da magatakarda ya shafe shekara goma sha yana gyara, ni da nake yi tsakanin magariba da isha ba ni da abin kuka.

Yanzu 33 ne. Wajen raɗa musu suna na bi hanyar makarantar allo, inda ake kiran harafi da siffarsa: ba guje, kaf lasan, lam ara, mim jaye, ha kuri, ɗa mai hannu. Yaro yana jin sunan ya ga hoton. Nawa akwai lauje, akwai ƙafar kaza, akwai tulu a kife, akwai dutse kan dutse, wanda duwatsun Riyom na kalla na zana. Ɗaya na sa masa ƙahon barewa, yara suka ce cokali ne. Ya zama cokali.

Abin da ya fi cin lokacina shi ne karin sauti. A boko "fari" na launi da "fari" na rashin ruwan sama rubutu ɗaya ne. Haka kuka ta miya da kuka na hawaye, haka gari na mutane da gari na tuwo. Mu mukan gane daga zancen da ke kewaye, amma a duniyar da kalma ke aiki da kanta ba wanda zai tsaya ya gane maka. Don haka rubutuna yana da ɗigon sama da na ƙasa na nuna hawa da saukar murya. Rana ta huɗu ta taron ma a kan wannan za ta tafi: wani marini ya so yadinsa ya yi fari, ya manta ɗigo, damina biyu ba a ga hadari a lardinsa ba. Na ji daɗin rubuta wannan babi har na ji kunyar kaina.

Lahadi, 19 ga Janairu

Nan ne sana'ata ta yi mini rana. Rana ta biyar rigimar mutanen gabas da na yamma ce, kuma ban ƙago ta daga iska ba. A hisabi kowane harafi yana da lamba, amma lissafin gabas da na Magrib, wato yamma, wanda malamanmu suka gada, sun saɓa a haruffa shida. Sin 60 ne a gabas, 300 a wurinmu. Shin 300 ne a can, 1000 a nan. Shi ya sa a ramzi, wato shekarar da aka rubuta da haruffa, wanda malaman Sakkwato ke rufe waƙoƙinsu da shi, shin da ra suke ba da 1200. Wanda ya lissafa da ƙa'idar gabas zai tashi da 500, ya mai da waƙar baya shekara 700. Ko a ɗigo ma haka: a rubutunmu na Warshu fa ɗigonta a ƙasa yake, ƙaf ɗigo ɗaya a sama. Wanda ya saba da bugun gabas in ya ga ƙaf ɗinmu fa zai karanta.

Na ɗauki siffar rigimar, na zuba ta a baƙaƙena. Lauje 60 ne a wurin mutanen yamma, 90 a wurin na gabas. An haɗa su aikin gada ɗaya, kowa ya lissafa rabinsa daidai bisa ƙa'idar malaminsa, gadar ta zo tsakiya ba ta haɗu ba. Duk su biyun suna da gaskiya, abin da ya sa ba za su taɓa shiryawa ba ke nan.

Sai wafaƙi, wato hatimin lambobi wanda kowane layinsa jimla ɗaya yake bayarwa. Mai gida tara kowa ya san shi: 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa, ta ko'ina ka tara 15. Mai gida 25 yana ba da 65, mai 49 yana ba da 175. Ɗalibaina sukan ɗauka irin wannan daga Turai ya zo, sai in gaya musu Muhammad ibn Muhammad al-Fulani al-Kashinawi, mutumin Katsina, ya rubuta hanyoyin gina masu gidajen mara tun 1732, ya rasu a Alƙahira a 1741. A littafina wafaƙi shi ne makulli: ana kewaye kalma mai haɗari da shi don kada aikinta ya malala. Na zana mai gida 25 don babin, na musanya lambobi biyu ban sani ba, layi ɗaya ya ba da 64, wani 66. Na kama biro zan gyara, sai na fasa. Na bar kuskuren a allon babban gwanin taron, zan sa wani yaro mai ɗaukar buzu ya gano shi.

Laraba, 29 ga Janairu

Na manta takardar baƙaƙena a ofishin malamai. Wani abokin aiki ya gani, kafin a tashi labari ya zaga cewa na fara ba da sa'a. Har wata ta tare ni a bakin ƙofa da maganar ɗanta mai rubuta jarrabawa. Na ce mata tatsuniya nake rubutawa, irin ta Gizo da Ƙoƙi, in tana son yaron ya ci lissafi ta turo shi darasin yamma. Ba ta yarda ba. Ta ɗauka kuɗi nake ja.

Ranar ban rubuta komai ba.

Asabar, 8 ga Fabrairu

Na gama rana ta takwas, wadda saboda ita na fara littafin. Tambayar da ke gaban taron: in an wanke allo, ina kalmar take zuwa? Ba tambayar banza ba ce a wurinsu, don amsarta ce za ta nuna yadda za a saki kogin.

Sun kasu uku. 'Yan ruwa suka ce tana cikin ruwan wankin, shaida kuwa ga shi ya yi baƙi. 'Yan allo suka ce tana cikin itacen, suka ɗago tsohon allon aduwa da inuwar rubutun shekaru ta kama shi, suka ce wa ya taɓa wanke wannan? 'Yan hannu suka ce tana komawa ga marubucinta, shi ya sa tsofaffin marubuta hannunsu ke rawa. Game da kogin, matasa suna cewa a yi haƙuri kawai: tawadar ƙarfe tana cin takarda a hankali, wata rana za ta huda kalmar da kanta. Wannan ma gaskiya ne a duniyarmu, tsofaffin takardu da yawa a kan layin rubutun suke fara ɓulewa. Dattawa suka ce garuruwa bakwai ba za su jira tsatsa ba. Ana cikin haka maginiyar tukwane ta yi gyaran murya daga bakin ƙofa, ta ce ita jahila ce, amma tana so a gaya mata inda kalmar take kafin a rubuta ta.

Na ɗauki babin na kai wa Kawu, na karanta masa ina ji da kaina. Muhawarar ko a jikinsa. Sai ya ce, "Koma baya. Inda gwanin ya wanke allo."

Na karanta: ya wanke allonsa, ya ɗauki alƙalami, ya sake rubutawa.

"A jiƙe?"

Na yi shiru.

"Ɗan nan, ka taɓa rubutu a jiƙaƙƙen allo? Ai tawada bajewa za ta yi kamar kashin kaza. Sai an jingine shi a rana ko a bakin wuta ya sha iska. Kuma ka sa shi ya wanke a tsaye ya watsar da ruwan a ƙasa. Mutumin da ya yarda kalma tana cikin ruwa zai watsar da ita inda ake takawa?"

Gyara biyu a layi ɗaya, a gaban almajiransa uku da ke ƙunshe dariya. Na ce, "Na karɓa, Allah gafarta Malam." Ya ce in ƙara masa gawayi a kasko.

A hanya na yi ta juya maganar shanya allo. Ashe duk bayan muhawara akwai rabin sa'a da ba mai iya rubutu, alluna suna jingine a kewayen wuta, malamai suna zaune hannu rabbana. Nan za a yi gulma, nan za a ƙulla wa wani, nan na gabas zai matso kusa da na yamma ya tambaye shi a asirce nawa ne lauje a wurinku. Na rubuta kwana takwas na taro ban bar musu wannan rabin sa'ar ko sau ɗaya ba.

Asabar, 22 ga Fabrairu

Shafi 146 da hannu. Mako biyun nan na koma tun rana ta ɗaya ina buɗe wurin shanya allo a kowane babi, na kai ta biyar. Magatakardan ya canza a hannuna: da rahoton muhawara kawai yake rubutawa, yanzu yana laɓe a bayan alluna yana jin abin da ba a so ya ji, kuma ya fara zargin cewa wanda ya tsayar da kogin yana zaune cikin da'irar.

Rana ta tara ban taɓa ta ba. Ina da amsa biyu ga tambayar tsohuwar, duk ba su gamsar da ni ba, kuma ba na so in sa gwanin ya yi mata wa'azi. Wataƙila ta tashi ta tafi kafin a amsa.

Azumi saura mako guda, na san rubutun dare zai tsaya. Kafin nan ina so in kwafe baƙaƙe 33 ɗin a takarda mai kyau da tawadar bagaruwa, amma sai na kai wa Kawu kwafin allo ya duba tukuna, ko da yake ya ce idonsa ba ya rarrabe cokali da ƙafar kaza. Ƙaro ya ƙare, sai Litinin in biya wurin 'yan koli in an tashi daga makaranta. Na kuma yi alkawarin sabuwar tukunyar miya.